Yadda ake riƙe yadi da gam ɗin 'yan makaranta kafin a hau keke

Shagona yana unguwar Nima ne, a nan Akra, babban birnin Gana, ko Ankara kamar yadda mu 'yan zango muka saba faɗa. Duk wanda ya yi ɗinki a garin nan ya san abin da iskar teku take yi wa ƙarfe. Ki sayo fil sabo fes daga kasuwar Makola, ki bar shi a buɗe wata biyu na damina, za ki ga ya fara ja. Ki soka shi a farar shadda ta kwana, da safe ki zare, ga ɗigon tsatsa nan a zaune, kuma ba ya fita da daɗin rai. Ko fil ɗin bai yi tsatsa ba, shadda mai ƙyalli ba ta manta inda aka huda ta. Ga kuma halinsa na ɗaga yadi ya yi ƙusumbi, zanen atamfar da kika daidaita a tebur ya goce kafin ya isa ƙarƙashin allura.

Wani dare ana saura kwana uku ƙaramar salla, zif ya ƙi zama a bayan wata rigar atamfa. Sau biyu ina farkewa. Jakar makarantar 'yata tana kan benci, na ciro gam ɗin da suke liƙa takarda da shi, wanda ake murɗa gindinsa ya fito kamar jan baki, na shafa siriri a gefen zif ɗin, na danne da dutsen guga. Ya zauna daram, na bi shi da keke sau ɗaya na gama. Tun daga ranar ba a rasa shi a aljihun teburina. Abin da na koya a kansa shi ne zan shimfiɗa a nan. Da 'yan'uwana mata nake magana, amma teloli maza ma aikin ɗaya ne.

Ki fara riƙe wannan, domin a kansa komai ya ginu: gam ɗin nan ba ɗinki ba ne. Hannu ne da yake riƙe miki yadi har allura ta iso. Da zarar ruwa ya taɓa shi ya saki. Duk inda kika shafa shi, sai zare ya bi ta wurin.

Wanne gam ake nufi

Idan kika ce wa mai shago ya ba ki sandar gam, abu biyu zai iya miƙo miki, kuma ba su da dangantaka ko ta nesa.

Na farko shi ne namu, mai murfi, mai taushi kamar sabulu. Kamfanin Henkel na Jamus ne ya fara fito da irinsa a 1969 da sunan Pritt, kuma daga kwalbar jan bakin mata aka ɗauko dabarar murɗawar. Akwai na UHU, akwai na Elmer's, akwai wasu da yawa marasa tsada a shagunan littattafai. Wasu da sitaci ake haɗa su, wasu da wani sinadari mai narkewa a ruwa, shi ya sa wanki yake fitar da su. Ki duba jikinsa, ki ɗauki wanda aka rubuta cewa yana wankuwa. Wanda aka ce na dindindin ne ko mai ƙarfi na musamman, ki bar wa masu aikin kwali. Ni na fi son mai launin shunayya, wanda launin yake ɓacewa idan ya bushe, domin kina ganin inda kika shafa, kuma shi da kansa yake gaya miki ya bushe. Girma kuwa, na UHU yana zuwa a giram 8, da 21, da 40. Ƙaramin ya fi dacewa da ɗinki, bakinsa bai wuce faɗin rarar da muke bari a gefen ɗinki ba. Babban sai ya ɓata miki inda ba ki nufa ba. Akwai kuma wanda aka yi musamman don teloli, siriri kamar biro, irin na Sewline da Prym. Idan kin samu yana da kyau, amma kada rashinsa ya tsayar da ke.

Na biyu shi ne gam ɗin kyandir, wanda ake zurawa a bindiga a jona da wuta. Wannan roba ce ake narkarwa, mai kauri milimita 7 ko 11. Bindigar ƙaramin zafi tana kaiwa wajen digiri 120, ta babban zafi wajen 190. Idan ya huce ya zama ƙullutu mai tauri, allura ba ta ratsa shi lafiya, wanki ba ya fitar da shi, guga kuma tana sake narkar da shi ya malale cikin yadi. Na taɓa aiken wata yarinyata mai koyo ta liƙe mini aljihun wata riga kafin in dawo daga kasuwa, ban yi mata bayani filla-filla ba. Na dawo na tarar ta yi da na bindiga. Ta ce, "Madam, ai na ga ya fi kamawa." Na ce, "Ya fi kamawa, 'yata, amma ba zai sake mu ba." Sai da na sayi wani yadin na yanka sabon gaba. Laifina ne da ban nuna mata ba, shi ya sa yanzu nake farawa da wannan bambancin ga duk wadda ta zo koyo.

Gwaji tukuna

Kafin gam ya taɓa kayan mutane, ki ɗauki ƙyalle daga ragowar yadin da za ki ɗinka, ba wani yadin daban ba. Ki shafa gam a bayansa, ki naɗe, ki danna da guga, ki juya ki kalli fuskar a hasken rana. Abu uku kike nema: ko ya ɓullo ta fuska ya yi duhu kamar tabon mai, ko wurin ya sandare, ko launi ya canza. Sannan ki jiƙa rabin ƙyallen a ruwa ki murza, ki ga ko ya fita tas. Minti goma ya isa. Atamfar auduga, ko ta kamfanonin nan Gana ce, GTP da ATL, ko ta Holan, kusan kullum tana cin wannan gwaji. Yadin makaranta da kaki da jins ma haka. Inda ake samun matsala zan zo kansa.

Ainihin aikin

Ki goge yadin ya miƙe, ki yi duk karin da kike buƙata da dutsen guga tun kafin ki buɗe gam. Wannan ne matakin da masu gaggawa suke tsallakewa, su shafa gam sannan su fara neman inda za su naɗe, kafin su samu ya bushe ko ya ɓata musu yatsu.

Ki shimfiɗa tsohuwar jarida ko kwali a ƙasa don kada teburin yanka ya yi danƙo. Ki murɗo gam ɗin kaɗan, kamar kaurin farce, kada ki fito da shi da tsawo ya karye. Ki riƙe yadin da hannun hagu, ki ja gam ɗin sau ɗaya, a hankali, a cikin rarar gefen ɗinki kawai. Sau ɗaya na ce. Idan kina ganin farin gam ya taru guda-guda, ya yi yawa, ki kankare da farce. Ki bi tsawon zaren yadin wajen ja. Inda aka yanka a karkace, kamar wuya da hammata, kada ki ja ko kaɗan domin yadin zai miƙe ya ɓata siffarsa, sai dai ki riƙa ɗigawa, tazarar inci ɗaya tsakanin ɗigo da ɗigo.

Ki ɗora ɗayan yadin ki danna da yatsu. Kina da ɗan lokaci, ƙasa da minti ɗaya, da za ki iya ɗagawa ki gyara. Idan ya zauna yadda kike so, ki kawo dutsen guga mai matsakaicin zafi, babu tururi, babu yayyafa ruwa. Ki ɗora ki ƙirga biyar zuwa goma, ki ɗaga, ki matsa gaba. Ɗorawa ake yi, ba gogawa ba. Idan kika ja dutsen, za ki ture abin da kika daidaita.

Yanayin gari yana shiga cikin maganar sosai. A watan Yuni, lokacin da ruwa yake zuba kuma bango kansa yake gumi, gam ɗin da kika bari ya bushe da kansa zai iya ɗaukar rabin awa yana danƙo, don haka guga dole ce. A hunturun Disamba da Janairu kuwa, kafin ki kai ƙarshen dogon layi farkonsa ya bushe, sai ki riƙa yi taƙi ɗaya taƙi ɗaya. Idan an ɗauke wuta kika koma dutsen gawayi, ki sa farin ƙyalle tsakani, domin zafinsa ba ya da ma'auni, ga toka.

Kada ki hau keke sai ya bushe. Ki taɓa da bayan yatsa, idan akwai sanyi ko yana kama fata, da saura.

Haɗa zanen atamfa

A nan ne gam ɗin ya fi biyan kuɗinsa, kuma a nan nake so ki natsu. Matan garin nan, namu na zango da maƙwabtanmu masu ɗinka rigar matan Gana da ake kira kaba, suna da ido a kan zane. Mace za ta juya gaban madubi ta kalli tsakiyar bayan rigarta, idan fure ya rabe biyu, rabi a sama rabi a ƙasa, ba za ta ce komai ba wataƙila, amma turminta na gaba wani shagon zai tafi.

Ga yadda nake yi. Wajen yanka, ki bar rarar da ta ɗan fi ta kullum, kamar inci ɗaya, don ki samu wurin motsi. Ki ɗauki ɓangare ɗaya, a ce na hagu, ki naɗe rararsa zuwa baya daidai kan layin da ɗinki zai bi, ki buga masa kari mai kaifi da guga. Ki shimfiɗa ɓangaren dama a tebur, fuskarsa tana kallon sama. Ki kawo na hagu, shi ma fuska sama, ki ɗora bakin karin a kan na dama, kina matsar da shi sama da ƙasa, hagu da dama, har zanen ya haɗe kamar ba a taɓa yanka shi ba. Kin ga amfanin: kina kallon fuskar rigar ne da idonki, yadda mai ita za ta gan ta, ba kina laluben zane ta baya ba.

Idan ya haɗu, ki danne da wani abu mai nauyi, almakashi babba ko dutsen guga mai sanyi. Ki ɗaga bakin karin kaɗan-kaɗan, ki shafa gam a kan rarar da kika naɗe, wadda yanzu take kallon ƙasa, ki mayar ki danna. Ki bar ɗan tazara tsakanin gam da karin kansa, kamar kaurin ashana biyu, don allura ta bi ta wuri mai tsabta. Ki fara daga tsakiya ki yi sama, ki dawo tsakiya ki yi ƙasa. Idan kika faro daga ƙarshe guda, ɗan kuskuren da kika yi zai yi ta taruwa har ya zama babba a ɗaya ƙarshen. Ki busar da guga.

Yanzu ki kama ɓangaren hagu ki kifa shi a kan na dama kamar kina rufe littafi. Fuska ta haɗu da fuska, karin da kika buga ya bayyana a matsayin layi. Ki bi cikin karin nan da keke, daidai tsakiyarsa. Ki buɗe ki gani. Bayan nan, idan kina son buɗe rarar gida biyu, ki ɗan shafa mata ruwa da yatsa ta saki, ki goge. Idan gefe guda za ki kwantar da ita, ki bar ta yadda take.

Wani lokaci zanen ba zai haɗu daga sama har ƙasa ba, musamman a atamfa mai araha da aka buga a ɗan karkace. Kada ki ja yadin da ƙarfi don ki tilasta shi, rigar za ta murɗe bayan wanki. Ki zaɓi inda ido ya fi sauka, tsakanin kafaɗa da ƙugu, ki haɗa nan, sauran ki bar shi.

Zif

Ki ɗinke bayan rigar daga ƙasa zuwa inda zif zai tsaya da ɗinki na kullum, ki kulle. Daga nan zuwa sama ki buɗe ɗinkin ya yi tsawo, mafi tsawon da kekenki yake yi, kada ki kulle, domin farke shi za ki yi daga baya. Ki buɗe rarar gida biyu ki goge. Ki rufe zif ɗin, ki shafa gam a gefe biyu na ƙyallensa ta fuska, can bakin gefe, nesa da haƙora. Idan gam ya shiga haƙora zif zai riƙa cijewa. Ki kifa shi a kan rarar, haƙoran suna bin layin ɗinkin daidai, kina ɗagawa kina leƙawa yayin da kike kwantar da shi. Haƙoran yawancin zif ɗin yanzu roba ne, don haka ki rage zafin dutsen, ki sa ƙyalle, ki danna gefe-gefe kawai.

Ki juya rigar ta fuska, ki sa ƙafar zif a keke, ki ɗinka kwatan inci daga layin tsakiya, ki sauka ta gefe ɗaya, ki ratsa ƙasa, ki hau ta ɗayan. Ki farke dogon ɗinkin nan. Babu fil ko ɗaya da za ki tsaya zarewa, shi ya sa layin yake fita a miƙe.

Aljihun da ake ɗorawa a gaban riga, irin na 'yan makaranta ko na jamfar maza, ki yanka kwali daidai girmansa, ki naɗe gefunan yadin a kan kwalin da guga, ki zare kwalin, ki ɗiga gam a kusurwoyi su kwanta, sannan ki shafa a kan naɗin ki manna a gurbinsa. Kalmasar ƙasan siket da ta bakin hannu ma haka, naɗi biyu, gam a cikin na biyun. Faci a gwiwar wandon yaro, da tambarin makaranta, da siririn ƙyallen da ake bin wuya da shi, duk hanyar ɗaya ce.

Inda ba na kai shi

Shifon, da siliki, da satin mai santsi, da yadin hijabi mara kauri: gam yana ɓullowa ta fuska, kuma ko ya bushe yana barin inuwa. Karan-miski gashinsa yake kwantarwa. Leshi mai manyan ramuka ba shi da inda gam zai zauna, sai ya bi ta ramin ya kama tebur. Kente da fugu na saƙar hannu ba a yawan jiƙa su, don haka abin da kika shafa zai zauna a ciki, ni dai da zare da allura nake riƙe su.

Shadda tana da nata hukuncin. Gam yana kama ta, amma akwai ruwa a cikinsa, ruwa kuma yana kashe ƙyallin bugu. Ki tuna cewa kayan salla da na biki ba wanda yake wanke su kafin ya sa. Saboda haka a shadda ɗigo kawai nake yi, can cikin rara inda ido ba ya kaiwa, kuma ba na kusantar gaban riga inda za a yi aiki.

Duwatsu da 'yan kwalliyar da ake mannawa a leshi ko gyale ba aikin wannan gam ba ne sam. Wankin farko za su zube. Su akwai nasu na ruwa, irin B-7000.

Allura da wanki

Idan keke ya fara tsallake ɗinki, ko zare ya fara tsinkewa, ki taɓa allurar. Za ki ji danƙo, alamar kin hau kafin ya bushe ko kin cika shi. Ki ɗiga sifirit a ƙyalle ki goge allurar daga sama zuwa ƙasa, ki goge ƙarƙashin ƙafar keke da farantin da allura take shiga. Keken hannu na Butterfly yana haƙuri da wannan fiye da keken masana'anta irin Juki, domin gudun na biyun yana ɗumama allura, ɗumin kuma yana sake tausasa gam. Allura mai lamba 14 ta ishe ki a atamfa.

Wajen fitar da shi, ki jiƙa rigar a ruwa mai ɗumi-ɗumi na minti 20 zuwa 30, ki murza wurin da sabulun Key ko duk wanda kike da shi, ki ɗauraye. Wanda aka danne da guga mai zafi sosai yakan so a ƙara masa lokaci. Ina gaya wa masu kayana gaskiya idan sun zo karɓa, in ce, "Hajiya, idan kin ji ɗan tauri a gefen zif, gam ne, wankin farko zai tafi." Idan kuma kayan na ajiya ne, irin na lefe da za su daɗe a akwati, ina goge wurin da jiƙaƙƙen ƙyalle in busar kafin in ba da su, domin kyankyaso yana bin sitaci, ga laima mai kawo fumfuna.

Ragowar ƙyallayen da suke taruwa a ƙarƙashin tebur, yarana suna rufe bangon littafi da su, da katin gaisuwa, da mafici na kwali. A nan gam ɗin yana iya tsayawa shi kaɗai tunda ba wanki za a yi ba, sai dai a kan kwalin ake shafawa, ba a kan yadin ba, a cika shi har gefe, a shafe da tafin hannu daga tsakiya zuwa waje, a danne da littafi mai nauyi ya kwana. Awarwaro da 'yan kunne na atamfa kuwa, su ne wurin da bindigar nan take da amfani.

Da kin gama shafawa ki murɗa shi ya koma ciki, ki tsince zaren da ya manne a bakinsa, ki rufe har ki ji murfin ya kama. Kada ki ajiye shi kusa da dutsen guga ko a taga inda rana take dukansa. Wanda ya fara bushewa ya janye daga jikin robarsa, ki ɗiga masa ruwa ɗigo biyu ki rufe ya kwana, sau da yawa yana farfaɗowa. Idan ya koma yana jan zare kamar yauƙin kuɓewa, kada ki sake kai shi kan yadi.